Shugaban 'yan aware a zauren Majalisar Amurka: wa ya ajiye shi, wa zai ɗauke shi?

A cikin ginin Majalisar Dokokin Amurka da ke Washington akwai wani zaure mai siffar rabin da'ira, wanda nan ne 'yan Majalisar Wakilai ke zama kafin su tashi zuwa sabon zaurensu a 1857. Yanzu mutum-mutumai ne a jere a gefen bangonsa, wasu na tagulla, wasu na farin dutse. Jefferson Davis yana nan a tsaye, da babbar riga rataye a kafaɗa. Shi ne shugaban ƙasar da jihohin Kudu 11 suka kafa lokacin da suka ɓalle daga Amurka, aka gwabza yaƙin basasa daga 1861 zuwa 1865, aka rasa rayuka fiye da 600,000. Mataimakinsa, Alexander Stephens, yana zaune a kujera, an kuma zana maganarsa a jikin dutsen da aka ɗora shi, cewa ba ya tsoron komai a bisa ƙasa, ko a samanta, ko a ƙarƙashinta, in ban da aikata ba daidai ba. Wannan bawan Allah ne ya tsaya a birnin Savannah a watan Maris na 1861 ya faɗa wa jama'a cewa harsashin sabuwar ƙasarsu shi ne baƙar fata bai kai farar fata ba, kuma bauta ita ce matsayin da ya dace da shi. A zauren nan dai, tun 2013, akwai Rosa Parks, matar da ta ƙi tashi ta ba wa farar fata kujera a cikin bas a 1955. Ita ma a zaune take, riƙe da jakarta.

Mai karatu zai ce to ta yaya? Ƙasa ta yaƙi mutum shekara huɗu, ta kama shi, ta tsare shi shekara biyu, ta tuhume shi da cin amanar ƙasa, sannan ta dawo ta ba shi wuri a cikin majalisarta?

Amsar farko tana cikin doka. A ranar 2 ga Yulin 1864, ana tsaka da yaƙin, Majalisa ta yi dokar da ta ba kowace jiha damar aiko da mutum-mutumi biyu na 'ya'yanta da suka rasu, waɗanda suka yi fice a tarihi ko a hidimar ƙasa. Jiha ke zaɓa, jiha ke biyan kuɗin sassaƙa, Majalisa karɓa kawai take yi. Jihohi 50 ke nan, mutum-mutumi 100, har sai da nauyinsu ya sa aka rarraba su zuwa wasu sassan ginin. Waɗanda suka rubuta dokar 'yan Arewa ne, domin kujerun 'yan Kudu a lokacin babu kowa a kansu, kuma da wuya ya zo musu a rai cewa wata rana ta wannan ƙofar abokan gabarsu za su dawo.

Amsa ta biyu, wadda ta fi muhimmanci, tana cikin shekarun da aka kawo su. Bajiniya ta aiko da Janar Robert E. Lee, babban kwamandan sojojin 'yan aware, a 1909. Karolina ta Kudu ta kawo John C. Calhoun, ɗan siyasar da ya yi fice wajen kare bauta, a 1910. Alabama ta kawo Janar Joseph Wheeler a 1925, sanye da kakin 'yan aware, har da harufan sunan ƙasarsu a kan bel ɗinsa. Jojiya ta kawo Stephens a 1927. Misisipi ta kawo Davis a 1931, shekara 66 bayan an ajiye makamai. Ba zawarawan yaƙi ba ne suka yi wannan aiki da hawaye a idonsu. 'Ya'ya da jikoki ne, a wani zamani da ke da tasa buƙatar.

Mu tsaya a kan Misisipi, domin a nan ne komai ya fi fitowa fili. Bayan yaƙi, lokacin da sojojin tarayya ke Kudu, baƙaƙen fata sun samu damar jefa ƙuri'a, har jihar ta tura Hiram Revels Majalisar Dattawa a 1870, baƙar fata na farko da ya zauna a can, daga jihar da Davis kansa ya taɓa wakilta. Da aka janye sojoji a 1877 sai abubuwa suka fara komawa gidan jiya. A 1890 Misisipi ta rubuta sabon tsarin mulki wanda ya gindaya harajin zaɓe da jarrabawar karatu, inda jami'in rajista zai miƙa maka wani sashe na tsarin mulki ya ce ka karanta ko ka yi masa bayani, shi ne kuma zai yanke ko ka ci ko ka faɗi. Kowa ya san wanda ake nufi ya faɗi. Jagoran wannan aiki shi ne Sanata James Z. George, tsohon kanar a rundunar 'yan aware. To a 1931, da Misisipi ta tashi cike gurbinta biyu, Davis da George ta aiko. A lokacin kusan rabin mutanen jihar baƙaƙen fata ne, kuma ba a tambaye su ba, domin mutumin da aka sassaƙa ɗin shi ne ya tsara yadda ba za a tambaye su ba. Har 1964 waɗanda ke da rajistar zaɓe a cikinsu ba su kai kashi 7 cikin 100 ba. Idan aka ce "jiha ce ta zaɓi gwarzayenta", ya kamata a riƙa tuna wace jiha ake nufi a 1931.

Abin da ya faru a Washington wani ɓangare ne na babban gangami. Daga wajen 1900 zuwa 1920 aka fi kakkafa irin waɗannan mutum-mutumai a Kudu, yawancinsu a harabar kotuna da majalisun jihohi, kuma ƙungiyar matan nan ta 'ya'yan tsofaffin sojojin Kudu, wadda aka kafa a 1894, ita ce kan gaba wajen tara kuɗi. Zamanin ne Kotun Ƙoli ta halasta wariyar launin fata, a hukuncinta na 1896, zamanin ne kuma ake rataye baƙaƙen fata a bishiya ba tare da shari'a ba. Tare da duwatsun aka sassaƙa wani labari, aka cusa shi a littattafan makaranta: wai Kudu ba don bayi ta yi yaƙi ba, don 'yancin jihohi ne, wai bayin suna zaune lafiya da iyayen gidansu, wai an fi ƙarfin Kudu ne da yawan mutane da masana'antu, amma gaskiya tana wajenta. Sai dai masu kafa duwatsun wani lokaci bakinsu na suɓucewa. A 1913, wajen bikin buɗe mutum-mutumin sojan Kudu a Jami'ar Karolina ta Arewa, wani attajiri tsohon soja mai suna Julian Carr ya yi wa taron alfahari da yadda bayan dawowarsa daga yaƙi ya zane wata baƙar mace da bulala a kusa da wurin, saboda wai ta yi wa wata farar mace rashin kunya. Kowa ya yi zagi a kasuwa ya san wanda yake yi da shi. Baƙar fatar da zai shiga kotu neman haƙƙinsa, sai ya wuce ta ƙarƙashin sojan da ya yi yaƙi don ya ci gaba da zama dukiyar wani, ba ya buƙatar a yi masa tafsiri.

Shi kuwa batun dalilin yaƙin, ba sai an wahalar da masana tarihi ba, tunda masu ɓallewar da hannunsu suka rubuta. Takardar da Misisipi ta fitar a Janairun 1861 ta ce matsayinta a ɗaure yake ɗungurungum da tsarin bauta, ta kuma kira shi babbar dukiyar duniya. Ƙidayar 1860 ta nuna bayi kusan miliyan 4 a Amurka. Tsarin mulkin 'yan aware ya hana a yi duk wata doka da za ta taɓa haƙƙin mallakar bawa.

Duk da haka, masu son a bar mutum-mutuman ba duka ba ne masu ƙin baƙar fata, kuma rainin hankali ne a yi musu kuɗin goro. Akwai wanda kakan kakansa talaka ne, bai taɓa mallakar bawa ba, an ɗebe shi zuwa fagen daga bai dawo ba. Idan irin wannan ya ce abin gadonsa ne, ba ƙiyayya ba, sau da yawa har zuciyarsa yake faɗa. Amma hujjarsa ta fi ƙarfi a maƙabarta da filayen da aka yi yaƙin, inda ba kasafai ake jayayya ba. Ba ta kai ga zauren majalisa ba, domin Davis da Stephens ba talakawan da aka tura ba ne, su ne suka yi turin. Abin mamaki, Lee kansa bai goyi bayan irin waɗannan gine-gine ba. A 1869 an gayyace shi taron da za a sa alamomi a filin yaƙin Gettysburg, ya ƙi zuwa, ya rubuta cewa ya fi dacewa a daina fama gyambon yaƙi.

Hujjar da aka fi ji ita ce "kada a goge tarihi". A ganina ita ce mafi rauni. Tarihi yana cikin littafi da takardun kotu da gidan adana kayan tarihi, kuma babu wanda ya ce a ƙona su. Wurin da gwamnati ta ware a gidanta girmamawa ce, kamar yadda ba wanda ke yi wa mutum takwara da ɗan da ya haifa don kawai a tuna an taɓa yin mutumin a duniya. Jamus ba ta da mutum-mutumin Hitler a majalisarta, yaranta kuma ba su jahilci abin da ya aikata ba. Hasali ma, wanda ya tsaya gaban Stephens ya karanta abin da aka zana a dutsensa, zai tafi da ƙarancin sani fiye da yadda ya zo, tunda ba a ce masa uffan game da jawabin Savannah ba.

Inda maganar take da ƙashi shi ne tambayar da Donald Trump ya jefa a Agustan 2017, bayan rikicin birnin Charlottesville kan shirin cire mutum-mutumin Lee, inda aka kashe wata mai zanga-zangar adawa da wariya, Heather Heyer, da mota: yau Lee, gobe kuma George Washington ne, jibi Thomas Jefferson? Mutane da yawa sun yi masa dariya, amma tambayar ba ta banza ba ce. Shugabannin Amurka 12 sun mallaki bayi. Jefferson, wanda ya rubuta cewa an halicci dukan mutane daidai, ya mallaki mutum fiye da 600 a tsawon rayuwarsa. Binciken jaridar Washington Post na 2022 ya gano fiye da 'yan majalisa 1,700 da suka taɓa mallakar bayi. Kuma abin da Trump ya hango ya ɗan faru: a 2021 an fitar da mutum-mutumin Jefferson daga zauren majalisar birnin New York, a 2020 kuma masu zanga-zanga a San Francisco suka kayar da na Ulysses Grant, janar ɗin da ya karya lagon 'yan aware. Wannan kam wuce gona da iri ne, ya kuma ba wa ɗaya ɓangaren abin faɗa.

Mizanin da mafi yawan masana tarihi suka tsaya a kai shi ne a tambaya: don me ake girmama mutumin? Washington ana girmama shi ne don ya kafa ƙasa ya kuma sauka daga mulki da kansa, bayin da ya riƙe tabo ne a jikin wannan suna. Davis fa? Ya yi sanata, ya yi ministan yaƙi, amma ministocin yaƙi da yawa sun zo sun wuce babu wanda ya zuba su da tagulla. Idan ka cire shugabancin 'yan aware, babu abin da ya rage da zai kawo shi zauren. Mizanin yana da kyau, sai dai ba ya warware komai. Ga Calhoun nan. Ya rasu a 1850, shekara 11 kafin a harba harsashin farko, don haka ba za a kira shi ɗan tawaye ba. Ya yi mataimakin shugaban ƙasa a ƙarƙashin shugabanni biyu. A 1957 wani kwamitin Majalisar Dattawa ƙarƙashin John F. Kennedy ya sa shi cikin manyan sanatoci biyar na tarihi. Amma shi ne a 1837 ya miƙe a majalisar ya ce bauta alheri ce tsantsa, a lokacin da wasu masu bayin ma ke kiranta masifar da aka gada ba a san yadda za a yi da ita ba. Shi ya ba 'yan aware ƙamus ɗin da suka yi magana da shi. Ni dai ina ganin wanda ya sadaukar da basirarsa ga kare bauta ya fi kusa da Davis fiye da Washington, ko da bai ɗauki bindiga ba. Wani zai ga akasin haka, kuma ba zan ce ya haukace ba.

Akwai wani labari da ke bisa kan ginin kansa. Bayi na cikin waɗanda suka fasa dutse, suka sare katako, suka ɗora tubalin wannan majalisa, iyayen gidansu ke karɓar ladan. A ƙololuwar ƙubbar akwai mutum-mutumin wata mace da ake kira 'Yanci. Mai zanen, Thomas Crawford, ya so ya sa mata irin hular da Rumawan da ke ba bawan da aka 'yanta. Ministan yaƙi na lokacin, wanda aikin ginin ke hannunsa, ya ce bai yarda ba, aka mayar da ita hular ƙarfe mai gashin mikiya. Ministan nan Jefferson Davis ne. Da aka zo zuba tagullar, wani bawa mai suna Philip Reid na cikin ƙwararrun da suka yi aikin, ladan ranar Lahadi kaɗai ke shiga aljihunsa. Kafin a ɗora ta a Disambar 1863, dokar da ta 'yanta bayin birnin Washington a Afrilun 1862 ta riga ta 'yanta shi.

Shekaru da dama 'yan majalisa baƙaƙen fata suna ƙorafi ana jin su da kunnen uwar shegu. Jini ne ya motsa abin. A Yunin 2015 wani matashi mai ɗaukar hoto da tutar 'yan aware ya harbe mutum 9 a wata majami'ar baƙaƙen fata a Charleston, cikin wata guda aka sauke tutar daga harabar majalisar Karolina ta Kudu. Kisan George Floyd a Mayun 2020 ya sa Kentaki ta fitar da Davis daga tsakiyar ginin majalisarta, Nancy Pelosi kuma, kakakin Majalisar Wakilai a lokacin, ta sa aka cire hotunan tsofaffin kakakin majalisa huɗu da suka yi wa 'yan aware aiki. Majalisar Wakilai ta amince a kwashe mutum-mutuman sau biyu, da ƙuri'a 305 da 113 a 2020, sannan 285 da 120 a 2021, wata shida bayan wani mutum ya ratsa cikin ginin da tutar 'yan aware a kafaɗa ranar 6 ga Janairu, lokacin da magoya bayan Trump suka kutsa majalisar, abin da sojojin Lee ba su taɓa iya yi ba. Duka biyun a Majalisar Dattawa suka kwanta, inda Mitch McConnell, jagoran 'yan Rifablikan a lokacin, ya dage cewa hurumin jihohi ne. Abin da ya tsallake ɗaya ne: an cire sassaƙen kan Roger Taney, Alƙalin Alƙalan da ya yanke a shari'ar Dred Scott ta 1857 cewa baƙar fata ba zai zama ɗan ƙasa ba, aka kuma tanadi gurbin ga Thurgood Marshall, baƙar fata na farko a Kotun Ƙoli. Shi wannan mallakar Majalisa ne, ba na wata jiha ba, shi ya sa ya yi sauƙi.

Sauran sai ta hanyar dokar 2000, wadda ta ba jiha damar musanya nata idan majalisarta da gwamnanta suka yarda. Bajiniya ta ɗauke Lee da tsakar dare a Disambar 2020, ta zaɓi Barbara Johns, yarinyar da tana shekara 16 ta jagoranci yajin ɗalibai a garin Farmville a 1951, ƙarar da ta biyo baya kuma ta shiga cikin hukuncin 1954 da ya haramta wariya a makarantu. Fulorida ta sauke wani janar ɗin 'yan aware ta kawo malama Mary McLeod Bethune, baƙar fata, a 2022. Jihar Akansa ta kawo Daisy Bates, 'yar gwagwarmayar 'yancin baƙaƙen fata, a 2024. Waɗannan biyun na baya gwamnonin Rifablikan ne suka sa hannu, saboda haka ba daidai ba ne a ce rigimar jam'iyya biyu ce kawai. Jiha kan kai matsayin da za ta ga abin ya zame mata abin kunya a gaban baƙi da masu zuba jari.

Wasu jihohin kuwa ƙara ɗaure ƙofar suka yi. Masu cewa a bar wa jihohi su yanke hukunci, da aka zo kan birane sai suka manta da wannan ƙa'ida. Alabama ta yi doka a 2017 da ta sa tarar dala 25,000 ga duk ƙaramar hukumar da ta taɓa tsohon abin tunawa, birnin Birmingham ya rushe nasa a 2020 ya biya. A Tenesi, da doka ta hana birnin Memphis, mai rinjayen baƙaƙen fata, cire Nathan Bedford Forrest, dillalin bayi kuma shugaban farko na Ku Klux Klan, ƙungiyar fararen fata masu yi wa baƙaƙe ta'addanci, sai birnin ya sayar da filayen shaƙatawar biyu ga wata ƙungiya mai zaman kanta a kan dala 1,000 kowanne a Disambar 2017, a daren aka zo da injin ɗaga kaya. 'Yan majalisar jihar suka rama ta hanyar zabge dala 250,000 daga kuɗin da aka ware wa birnin. Shi Forrest ɗin yana da wani sassaƙen a cikin majalisar jihar, wanda ba a kafa shi ba sai 1978, bayan duk gwagwarmayar neman 'yanci, ba a kuma mayar da shi gidan tarihi ba sai 2021.

Duk wanda ya ɗauka an gama a 2020 ya yi gaggawa. Dokar da ta sa a cire sunayen janar-janar na 'yan aware daga barikokin soja ta wuce ne a kan ƙin amincewar Trump, barikin Bragg ya koma Liberty a 2023. Da ya dawo mulki a 2025, doka ta hana a mayar da sunan Janar Braxton Bragg, sai aka laluɓo wani ƙaramin soja na Yaƙin Duniya na Biyu mai suna Roland Bragg aka ce shi ake nufi. An saba canza wa tuwo suna, a nan sunan aka bari aka ce an canza tuwon. A Oktoban shekarar kuma aka mayar da mutum-mutumin Janar Albert Pike na 'yan aware kan dandamalinsa a Washington, bayan masu zanga-zanga sun kayar da shi a 2020.

Wasu baƙaƙen fatar kan ce duk wannan ɓata lokaci ne, sauke dutse ba ya rage kuɗin haya, ba ya gyara makaranta. Gaskiya ne. Amma ba a taɓa ɗaga dutsen nan ko sauke shi ba sai da ƙuri'a ta fara sauya hannu. A Misisipi baƙaƙen fata sun kai wajen kashi 38 cikin 100, kaso mafi girma a duk jihohin Amurka, kuma matsin lambarsu, haɗe da na 'yan kasuwa da hukumomin wasannin jami'o'i, ya isa ya sa a cire alamar 'yan aware daga tutar jihar a 2020. Bai kai ga Davis da George ba. An sha shigar da ƙudirin musanya su a majalisar jihar da ke Jackson, yana mutuwa kafin ya kai teburin gwamna, kuma dokar 2000 ba ta ba kowa a Washington ikon taɓa su ba sai takarda ta fito daga can.